Léon Mba: Fursunan Faransa da ya zama shugaban Gabon na farko

Léon Mba, wanda wasu ke rubuta sunansa M'ba, ɗan siyasar Gabon ne da aka haifa a Libreville ranar 9 ga Fabrairun 1902, ya rasu a Paris ranar 28 ga Nuwamban 1967. Shi ne shugaban ƙasar na farko. Kafin ya hau wannan kujera ya yi aikin kwastan, ya riƙe sarautar ƙabilarsa ta Fang a Libreville, sannan ya yi fiye da shekara goma ba ya ƙasarsa, tsakanin kurkuku da kora, bisa hukuncin Turawan mulkin mallaka.

Mazaunin Plaine Orety ko wata unguwa ta Libreville ba ya buƙatar a gabatar masa da sunan. Filin jirgin saman birnin sunansa yake ɗauke da shi, don haka Bahaushen da ya sauka daga Yamai, Douala ko Legas, sunan ɗan Gabon na farko da zai fara cin karo da shi ke nan. Akwai babban titi da sunansa, akwai kuma babbar makarantar sakandare ta bakin teku. Abin da allunan ba sa faɗa shi ne, gwamnatin Faransa da ta ɗaure wannan mutum a 1931 tana kallonsa a matsayin mai tayar da fitina, ita ce ta turo sojoji a 1964 suka mayar da shi kan mulki da bakin bindiga. Tarihin rayuwarsa, a taƙaice, tarihin tafiyar da ya yi ne daga wancan matsayi zuwa wannan.

Libreville da ya taso a ciki

An kafa Libreville a 1849 a matsayin matsugunin bayin da sojojin ruwan Faransa suka ƙwato daga wani jirgin fataucin bayi. Ma'anar sunan ma ita ce birnin 'yantattu. Masu ƙasar bakin tekun su ne Mpongwe, waɗanda sarakunansu suka sa hannu kan yarjejeniya da Faransa tun daga 1839. Su suka riga kowa shiga makarantar mishan, su suka cika ofisoshi da kantunan Turawa. Fang kuwa, waɗanda Faransawa ke kira Pahouin, daga cikin dajin arewa suka gangaro a ƙarni na 19. Sun fi kowace ƙabila yawa, amma a birni ana yi musu kallon baƙi 'yan ƙauye, masu ɗaukar kaya da saran itace.

Iyayen Mba suna cikin Fang na farko da suka yi karatun boko. Mahaifinsa ya taɓa yi wa Pierre Savorgnan de Brazza aiki, Baturen nan da aka sa wa Brazzaville sunansa. Mahaifiyarsa ɗinki take yi. A 1909 aka sa shi makarantar limaman Katolika. Daga wajen 1920 ya gwada sana'o'i iri-iri, tsaron kanti, aikin katako, ƙaramin fatauci, kafin ya shiga kwastan.

A wancan lokaci Gabon ɗaya ce daga cikin yankuna huɗu na tarayyar da Faransa ta haɗa a 1910 a tsakiyar Afirka, mai hedikwata a Brazzaville. Arzikinta icen okume ne, wanda masana'antun Turai ke yanka shi falle-falle su yi katako. Saran wannan ice da jan gungumensa zuwa kogi ya kwashe maza daga ƙauyuka, gonaki suka zauna ba mai noma, har yunwa ta yi ɓarna a ƙasar Fang a shekarun 1920. Kan wannan kuma ga harajin kai, ga aikin tilas, ga dokar nan ta indigénat da ta ba jami'in Bature ikon ɗaure baƙar fata ko cin tararsa ba tare da an je gaban alƙali ba. Dattawan Maraɗi da Damagaram sun san wannan doka, domin ita ce ta yi aiki a kansu su ma.

Matashi mai rubuta wasiƙu

Gwagwarmayar Mba ta farko da alƙalami ya yi ta. Ya zama mai rubuta wa Fang marasa karatu takardun koke, ya kuma kusanci masu fafutukar kare haƙƙin ɗan Adam da ke Libreville. A watan Satumban 1922 ya rubuta wa gwamnan Gabon, Edmond Cadier, wasiƙar da masu tarihi ke yawan ambata. Abin da ya ce a cikinta shi ne ilimantar da Fang riba ce ga ita kanta gwamnati, kuma babu abin da zai halatta ikon Faransa a kansu in ba ɗaga darajarsu da kyautata rayuwarsu ba. Ya kamata a lura da iyakar wannan magana: bai ce Faransa ta tattara ta tafi ba. Ya riƙe ta ne da alkawarin da ita da kanta ta ɗauka. Wannan shi ne matsayin mafi yawan 'yan bokon zamaninsa, kuma Mba bai taɓa yin nisa da shi ba har ya mutu.

Ko wannan ɗin ma bai yi wa hukuma daɗi ba. A Disambar shekarar aka ɗaure shi kan laifin ba wani abokin aikinsa takardun jabu, laifin da ba don bakinsa ba da wuya ya kai ga kurkuku.

Bayan 'yan shekaru, a tsakiyar shekarun 1920, suka shirya da hukuma, aka naɗa shi muƙamin da Faransawa ke kira chef de canton, wato kamar hakimi, na Fang ɗin Libreville. Yana da shekara ashirin da 'yan kai. Irin wannan sarauta Bature ne ya ƙirƙire ta, domin Fang ba su da sarakuna irin na ƙasar Hausa. Dattawan dangi ne ke yanke magana. Aikin hakimin shi ne tara haraji, samo leburori, da sasanta rigingimu, musamman na aure da sadaki. Mba ya yi fice a wannan fanni na ƙarshe, har ya zama mutumin da ake nema in shari'ar al'ada ta rikice.

A nan ne kuma tarihinsa ya fara gauraya. Bayanan hukuma na lokacin sun zarge shi da cin kuɗin haraji da sa talakawa aikin tilas don amfanin kansa, kuma masu tarihi da dama sun yarda cewa zargin ba ƙage ba ne ɗungurungum. Hukuma ta sani, ta kau da kai, muddin haraji na shigowa. Abin da ya sauya lissafi shi ne wasiƙarsa da aka kama a 1929, wadda ya aika wa Tiemoko Garan Kouyaté, ɗan Ségou da ke jagorantar wata ƙungiyar kare baƙar fata a Paris, wanda Faransa ke zargi da hulɗa da 'yan kwaminisanci. Hakimi mai ci ana iya haƙuri da shi. Hakimi mai ci da ke musayar wasiƙu da irin su Kouyaté, wannan wata magana ce daban.

Ya kuma ɓata da limaman mishan da suka koyar da shi. Ya auri mace fiye da ɗaya, sannan ya shiga Bwiti, addinin gargajiya da Fang suka karɓa daga ƙabilun kudu suka cuɗa shi da wasu abubuwa na Kiristanci, wanda mabiyansa ke cin saiwar iboga a bukukuwansu. Ga Fang da yunwa da aikin katako suka tarwatsa, Bwiti hanya ce ta sake haɗa kai. Ga mishan da hukuma, ƙungiyar asiri ce.

Shari'ar 1931 da zaman kora

A 1931 aka tsinci sassan gawar wata mata kusa da wata kasuwa a Libreville. Aka ɗora laifin kan mabiya Bwiti, aka haɗa da Mba a matsayin mai hannu a ciki, duk da cewa ba a tabbatar da cewa ya taka rawa a kisan ba. Aka tuɓe shi, aka yanke masa ɗaurin shekara uku da korar shekara goma. An kai shi Oubangui-Chari, wato Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya ta yau, ya zauna a Bambari, daga baya a Bria.

Nisan bai raba shi da mutanensa ba. Ya ci gaba da aika wasiƙu Libreville, abin da ya sa gwamna-janar Raphaël Antonetti ya ba da umarni a 1934 a sa masa ido ko bayan ya gama zaman kurkuku. A can ne kuma ya rubuta nazarinsa kan dokokin al'adar Fang, Essai de droit coutumier pahouin, wanda aka buga a 1938, ya zama abin dubawa ga masu shari'ar aure da gado.

Amma wani abu ya faru da shi a waɗannan shekaru wanda ya fi littafin tasiri. Jami'an yankin, da ke fama da ƙarancin ma'aikata masu karatu, sun riƙa ba shi ƙananan ayyukan ofis, ya kuwa yi su da kyau. Rahotannin da ake rubutawa a kansa suka koma na yabo. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, sa'ad da yankunan tsakiyar Afirka suka bi Janar de Gaulle, har aka gwabza a Libreville a Nuwamban 1940 tsakanin Faransawa biyu masu gaba da juna, Mba ya tsaya a ɓangaren de Gaulle. A 1942 aka sassauta masa hukunci. Ya ci gaba da aiki a Oubangui-Chari har 1946. Mutumin da ya dawo Libreville a wannan shekara ya riga ya san ƙarfin hukuma daga ciki da waje, kuma duk abin da ya yi daga baya ya nuna bai da niyyar sake tsayawa a gabanta.

Shekarun jam'iyyu

Ya dawo a shekarar da abubuwa ke sauyawa. A 1946 majalisar Faransa ta soke aikin tilas da dokar da ke ɗauke da sunan Félix Houphouët-Boigny, aka kawar da indigénat, aka kuma kafa jam'iyyar RDA a Bamako a watan Oktoba. Ba a mayar wa Mba sarautarsa ba. Ya kama aiki da kamfanin Ingilishi na John Holt, wanda 'yan kasuwar Kano da Lokoja suka sani. Ya kafa ƙungiyarsa, Comité Mixte Gabonais, ya jingina ta da RDA, wadda a lokacin take ƙawance da jam'iyyar kwaminis ta Faransa. A 1947 ya yi fice a babban taron Fang da aka yi a Mitzic. Hukuma ta sake sa shi a jerin waɗanda ba a yarda da su ba.

Ɗan lelen hukuma a lokacin wani ne, Jean-Hilaire Aubame, shi ma Fang, maraya da mishan ta rena, wanda ya yi aiki da gwamna-janar Félix Éboué. Aubame ne ya ci kujerar Gabon a majalisar dokokin Faransa a 1946, ya kafa jam'iyyar UDSG, ƙarfinsa kuma yana arewa, a Woleu-Ntem, lardin Oyem da Bitam inda Hausawan Gabon suka daɗe da zama. Limaman Katolika na bayansa. A zaɓen 1951 ya kayar da Mba da rata mai yawa.

Daga nan Mba ya sake lale. Ya bi Houphouët-Boigny wajen raba gari da 'yan kwaminis. A 1953 ya haɗe da Paul Gondjout, ɗan bakin teku mai faɗa a ji, suka kafa Bloc Démocratique Gabonais, BDG, abin da ya ba shi ƙuri'un ƙabilun da ke tsoron rinjayen Fang na arewa. Mafi muhimmanci, ya samu goyon bayan Turawa masu kamfanonin katako, irin su Roland Bru, waɗanda kuɗinsu ke juya siyasar yankin. Da taimakonsu ya zama magajin garin Libreville a Nuwamban 1956.

A zaɓen majalisar yanki na Maris 1957, wanda ya biyo bayan dokar Defferre da ta ba yankuna gwamnatocin cikin gida, jam'iyyar Aubame ce ta fi samun ƙuri'u. Amma kafin majalisar ta zauna, 'yan majalisa da dama sun sauya sheƙa zuwa BDG, kuma mutane ƙalilan ne suka yi shakkar inda kuɗin ya fito. Ranar 21 ga Mayun 1957 Mba ya zama mataimakin shugaban majalisar gwamnati, ƙarƙashin gwamna Bature. Muƙami ɗaya ke nan da wanda Djibo Bakary ya samu a Yamai a wannan wata, da wanda Sékou Touré ya samu a Konakiri.

'Yancin da bai nema ba

Kwatanta mutanen nan uku yana bayyana matsayin Mba fiye da kowane bayani. A ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga Satumban 1958, de Gaulle ya ba yankuna zaɓi: su zauna cikin tarayya da Faransa, ko su karɓi 'yanci nan take a yanke musu taimako. Sékou Touré ya ce a'a, Gini ta bi shi. Djibo Bakary da Sawaba suka ce a'a, hukuma ta murƙushe su, cikin 'yan makonni ya rasa mulki, daga baya ya tsinci kansa a gudun hijira. A Gabon, kashi 92 cikin ɗari suka ce e.

Mba bai tsaya nan ba. Ya nemi a mayar da Gabon lardin Faransa sosai, kamar Martinique ko Réunion. Gwamna Louis Sanmarco ya kai buƙatar Paris, ministan yankunan ƙetare Bernard Cornut-Gentille ya yi watsi da ita. Faransa ba ta shirya ɗaukar nauyin albashi da asibitoci da makarantun da wannan zai jawo mata ba. Tutar da Gabon ta yi amfani da ita daga 1959 tana ɗauke da ƙaramar tutar Faransa a kusurwa, sai gab da 'yanci aka cire ta.

Akwai lissafi a bayan wannan, ba ƙaunar Faransa kaɗai ba. Gabon ƙasa ce mai mutane kusan rabin miliyan a lokacin, amma ita ce ta fi zuba kuɗi a baitulmalin Brazzaville, 'yan siyasarta kuma sun daɗe suna kukan cewa ana tatsar su ana gina wasu. Shi ya sa Mba ya ƙi shirin Barthélemy Boganda na haɗa yankunan tsakiyar Afirka su zama ƙasa ɗaya. Ya fi son ya yi hulɗa da Paris kai tsaye da ya raba arzikin okume da Cadi ko Oubangui-Chari. Ga shi kuma arzikin na ƙaruwa: an samu man fetur kusa da Port-Gentil a 1956, an gano yuraniyom a Mounana, ga manganis a Moanda.

Ya zama firaminista a Fabrairun 1959. Ranar 17 ga Agustan 1960 Gabon ta samu 'yanci, tare da yarjejeniyoyin tsaro da na ma'adinai da suka ba Faransa fifiko. An sha ruwaito shi yana cewa kowane ɗan Gabon ƙasa biyu gare shi, Gabon da Faransa.

Mulki da juyin mulki

Wata uku bayan 'yanci ya ɓata da Gondjout, wanda ke shugabancin majalisar dokoki kuma yake son tsarin da majalisa ke da ƙarfi. A Nuwamban 1960 Mba ya sa aka kama shi. Ranar 12 ga Fabrairun 1961 aka zaɓe shi shugaban ƙasa ba tare da abokin takara ba, sabon tsarin mulki kuma ya tattara kusan dukkan iko a hannunsa. Aubame ya karɓi ministan harkokin waje a gwamnatin haɗin kai. Zaman bai ɗore ba, domin Mba na son jam'iyya ɗaya tilo, Aubame ya ƙi rusa tasa. A Fabrairun 1963 aka cire shi daga minista, aka tura shi shugabancin kotun ƙoli da nufin raba shi da kujerarsa ta majalisa. Ya ajiye kotun, ya riƙe kujerar. A Janairun 1964 Mba ya rusa majalisar. Tsohon mai rubuta koke kan zaluncin indigénat ya zama shugaban da ake ba da labarin yana sa a yi wa mutane bulala a bainar jama'a.

A daren 17 zuwa 18 ga Fabrairun 1964, sojoji kusan 150 ƙarƙashin ƙananan hafsoshi, cikinsu har da Laftanar Jacques Mombo da Valère Essone, suka kama shi a fadarsa ba tare da zubar da jini ba. Suka sa shi ya karanta murabus a gidan rediyo, suka tafi da shi wajen Lambaréné, suka kira Aubame ya kafa gwamnatin wucin gadi. Libreville ba ta fito kare shugabanta ba.

Faransa ce ta fito. A shekarar da ta gabata an kashe Sylvanus Olympio a Togo, an tuɓe Fulbert Youlou a Brazzaville, an tuɓe Hubert Maga a Dahomey, Paris ba ta mayar da ko ɗaya ba. A Gabon kuwa, inda yuraniyom da man fetur suke, de Gaulle da mai ba shi shawara kan Afirka, Jacques Foccart, ba su jira gari ya waye sau biyu ba. Sojoji suka sauka daga Dakar da Brazzaville, suka far wa barikin Baraka ranar 19 ga wata. Sojan Faransa ɗaya ya mutu, na Gabon fiye da goma. Yarjejeniyar tsaro ta ce sai gwamnatin Gabon ta nemi taimako a rubuce. Mataimakin shugaban ƙasa Paul-Marie Yembit ba ya birnin a lokacin, sai daga baya ya sa hannu a takardar.

Zaɓen da aka yi a Afrilu ya nuna inda zuciyar jama'a take: duk da manyan 'yan adawa na tsare, 'yan adawa sun ci kujeru 16 cikin 47. A watan Agusta aka yi shari'a a Lambaréné, aka yanke wa Aubame shekara goma na aiki mai tsanani da shekara goma na kora, hukuncin da ya yi kama da wanda Turawa suka yanke wa Mba shekara 33 kafin nan. Sai a 1972 aka sake shi.

Ƙarshensa

Bayan 1964 Mba ya zauna cikin tsaron da Faransawa suka shirya masa, ba ya yawan fita. Ciwon daji ya kama shi, daga Agustan 1966 yana kwance a Paris. Foccart ya shiga neman magaji, idonsa ya faɗa kan daraktan ofishin shugaban, wani matashi mai suna Albert-Bernard Bongo, daga ƙaramar ƙabilar Téké ta kudu maso gabas. A Nuwamban 1966 aka naɗa Bongo mataimakin shugaban ƙasa, aka gyara tsarin mulki yadda mataimaki zai gaji shugaba kai tsaye. A Maris 1967 aka sake zaɓen su biyun tare, Mba ya yi rantsuwar kama aiki a ofishin jakadancin Gabon da ke Paris.

Da ya rasu a Nuwamban shekarar, aka kawo gawarsa Libreville aka binne. Bongo, mai shekara 31, ya hau mulki ranar 2 ga Disamba, ya kafa jam'iyya ɗaya tilo a 1968, abin da Mba ya nema bai samu ba. Ya musulunta a 1973 ya koma Omar Bongo, ya yi mulki har mutuwarsa a 2009. Ɗansa Ali ya gaje shi, har zuwa ranar 30 ga Agustan 2023 da sojoji ƙarƙashin Janar Brice Oligui Nguema suka tuɓe shi. Wannan karon Paris ba ta turo kowa ba.